Kibiyoyin da Na Ja a Fadar Jiran Kira

Ku yaran yanzu da ake ba ku waya mai faɗin faranti a ce ku shiga unguwa ku yi anket, wato tambayoyin bincike, kuna ganin aikin bai wuce danna gilashi ba. Shekaranjiya na ji ɗayanku a tasha yana cewa, "Ai zama ne kawai da mutane ana hira." To, ni Habu, wanda Arlit ta sani da Habu Radiyo, na yi shekaru masu yawa ina wannan zama. Ba gwanintata zan ba ku labari ba. Ɓarnar da na yi ce tun a aikina na farko, don in irinta ta same ku kada ku ce ba a faɗa muku ba.

Lokacin da kasuwar iraniyom ta faɗi, ina aikin magazin, wato sito, a Akokan, garin ma'adinai da ke gefen Arlit, ina rubuta takalma da safar hannu da ake ba masu shiga rami. Aka sallame mu da yawa, aka ce in abubuwa sun gyaru za a kira mu. Mu takwas muka kafa fada a rumfar garejin Nomau da ke unguwar Bukoki, muka sa mata suna Jiran Kira. Daga azahar zuwa magariba muna nan, ana shayi, ana gardama.

Uku daga cikinsu ya kamata ku sani. Akwai Mamman Sani, mutumin Damagaram, tsohon direban babbar mota, wanda muke ce wa Peresida, wato shugaba. Ba wanda ya zaɓe shi. Shi kaɗai ke da kujerar ƙarfe, mu kuwa muna kan tsofaffin tayoyi, kuma muryarsa ta fi injin Nomau ƙara. Akwai Nomau mai garejin, Bagobiri, ni kuwa Bakatsinen Maraɗi, don haka bai taɓa kirana da sunana ba, sai "bawana". Sai Gisa, Ba'abzine, wanda fari ya cinye wa raƙuma a wajen Dannet, ya shigo gari yana gadin shagon wani Alhaji. Shi ke dafa mana shayi. In ya yi magana goma a yini, ranar ya yi surutu.

Wata rana wata malamar jami'a daga Yamai, Madam Hadiza, ta zo garejin. Ta ce tana nazarin yadda mutane kaɗan ke zama tare: wa ke magana, wa ake saurare, yadda ake yanke shawara, abin da ke riƙe su da abin da ke watsa su. Tana neman wanda ya iya rubutu ya taimake ta.

Nomau ya nuna ni da sifana. "Ga bawana nan, Madam. Ya yi lakwal har aji shida. Aibinsa ɗaya, ba a kashe shi sai pil ya ƙare."

Ta dube ni ta ce, "Malam Habu, za ka iya yin shiru na awa biyu?"

Na ce, "Madam, ni da shiru ai tare muka tashi." Sai na shiga ba ta labarin yadda na taɓa yin shiru a wata jana'iza, har shayi na biyu ya sauka. Duk da haka ta ɗauke ni, don ba wani.

Kayan aikin ba su da yawa. Kaye, wato littafin rubutu, mai layukan murabba'i, da fensir, don bik, wato biro, a zafin Arlit ko ya bushe ko ya yi amai a aljihu. Agogon hannu. Rakoda da kaset, da pil, wato baturi, da muke naɗewa a tsumma mu ajiye bayan randa. A kan kowane shafi sai in zana da'ira, in sa kowa inda yake zaune. In Peresida ya yi wa Nomau magana, in ja ɗan layi tsakaninsu. In an yi dariya, in sa ɗigo wajen wanda ya jawo ta. In gardama ta yi zafi, in rubuta wanda idanu suka koma kansa. Wannan na ƙarshen ne ya fi wuya, don ido ba ya ƙara. Ku gwada bin idanun mutum bakwai lokaci guda, hannunku na rubutu, bakinku a rufe, alhali ana zancen ƙwallo kuma kun san Peresida ƙarya yake.

Makon farko ba mu samu komai ba. Da aka ajiye rakoda a tsakiya, mutanen da na sani da gardamar wadda ta fi iya ƙosai a Bukoki suka koma malamai. Peresida ya zo da babbar riga. Kowa in zai yi magana sai ya gyara murya ya duƙa wajen rakoda ya ce, "A gaskiya, haƙuri shi ne babban abu." Na ce wa Madam aiki na tafiya daidai. Ta ce, "Rufe kayenka. Ba su ne nan ba tukuna. Bar su su gaji." Kwana goma muna zuwa muna zama. Rana ta goma sha ɗaya wani ƙarfe ya faɗo wa Nomau a yatsa, ya yi wata ashar da ba ta shiga takarda, Peresida ya ce alhakin mutane ne, aka kaure. Madam ta taɓa ni da gefen takalminta. "Yanzu buɗe."

Aikin dabino shi ya fara nuna mini cewa abin nan ilimi ne. Madam ta zo da kwano cike da dabinon Ingal, ta ce kowa ya kintata yawansa, a fili, ɗaya bayan ɗaya. Peresida ya fara, ya buga ƙirji ya faɗi nasa. Duk sauran suka yi ta zagaye kusa da abin da ya faɗa, wannan ya ƙara kaɗan, wancan ya rage kaɗan. Bayan kwana biyu ta kawo kwanon da dabinon yadda yake, amma ta kira su ɗai-ɗai bayan gareji. Amsoshi suka watse kamar awaki, kuma yawancinsu sun fi na ranar farko kusa da gaskiya. Ta ce mini, "Ka gani? Wanda ya fara buɗe baki shi ke kafa turke, sauran su yi ta kiwo kusa da shi. Shi ya sa abin da kake son ka sani da gaske, kada ka tambaye shi a gaban jama'a." Dabinon kuwa Nomau ya ce na bincike ne, ba shi da albarka in an bar shi, muka cinye.

Akwai abin da ta fi nanata mini fiye da komai. Ba a rubuta sunan mutum a kaye. Kowa lamba gare shi. Takardar da ke nuna wace lamba ce ta wa tana cikin jakarta, ita kaɗai ke gani. Ta ce, "Mutane suna ba mu abin da ba su ba junansu ba. Amana ce. Ranar da ta fita daga hannunka ba ka san inda za ta sauka ba." Na ce na ji. Na ji ɗin kuwa, da kunne.

Sai ranar tambayar makulli. Ta sake kiran mu ɗai-ɗai, har da ni, tunda ni ma ɗan fada ne. Tambaya ɗaya ce: "In za ka yi tafiya mai nisa, wa za ka bar wa makullin ɗakinka a cikin fadar nan? Ban da kanka." Ni na ce Peresida, don ya yi mini alkawarin zai sa baki a mai da ni magazin. Da ta gama ta ba ni amsoshin da sababbin lambobi da ban sani ba, ta ce in zana su da kyau, kibiya daga mai zaɓe zuwa wanda ya zaɓa. Na zana. Kibiya shida suka taru kan lamba guda.

Ga inda na fara ɓaci. Na tabbata lambar nan tawa ce. Wa ke ba fada labari? Wa ke sa dariya? Madam ta tashi ta shiga wajen matar Nomau sallar la'asar, ta bar jaka a kan benci. Na buɗe.

Lambar Gisa ce. Mutum shida sun zaɓe shi, har da Peresida. Gisa ya zaɓi Nomau. Peresida ya samu kibiya ɗaya, tawa. Ni kuwa ko wadda ta yi ɓatan hanya ba ta faɗo kaina ba.

Da na tsaya nan da da sauƙi. Sai na yage shafi, na sake zana taswirar da sunayen kowa, na ɗauki jan bik na kewaye sunan Gisa, na rubuta a samansa da Faransanci, da manyan baƙaƙe, cewa wannan ne shugaba na gaskiya. Na ninke na sa aljihu. Ban san abin da zan yi da ita ba, amma na san bakina zai samo mata aiki.

A lokacin tawayen Abzinawa ya yi zafi. Hanyar Agadas ba a binta sai cikin ayari da rakiyar masu kaki, sau ɗaya a mako. Ko tsakanin Arlit da Akokan akwai shinge, ana sauke mutane ana lalube. Duk mai rawani irin na Gisa kallo biyu ake yi masa. Madam ta bi ayari zuwa Agadas neman kaset da pil, ta ce sai mako mai zuwa.

Kwana biyu da tafiyarta Peresida ya tsokane ni a fada. Ya ce, "Radiyo, yanzu da uwar ɗakinka ba ta nan, wa za ka riƙe wa jaka? Zo ka riƙe mini takalmi."

Aka yi dariya. Na ce, "Peresida, kujera ce kawai gare ka. Bincike ya nuna ba ka da kowa."

"Wane binciken?"

Na zaro takardar na shimfiɗa a kan taya. Kawuna suka haɗu. Nan take kowa ya ga wanda kowa ya zaɓa, da wanda bai zaɓa ba. Mutum biyu da suka zo Arlit a mota ɗaya daga Tawa, suke kwana ɗaki ɗaya, suka gano ba wanda ya zaɓi ɗan'uwansa. Gisa bai ko ɗago ba, yana ta ɗaga buta yana tsiyaya.

Peresida ya fizge takardar. "Ƙarya ce! Ni ba na yarda da Faransancin ɗan aji shida. Gobe zan kai wa surukina a Akokan, shi ya yi babbar lakwal, ya karanta mini."

Da safe a shinge aka lalube aljihunsa. Ku sa kanku a matsayin mai kakin nan. Ga takarda da sunayen maza takwas, ga kibiyoyi duk sun nufi sunan Ba'abzine, an kewaye shi da ja, an rubuta shugaba. Kafin azahar an je shagon Alhaji an tafi da Gisa bariki. Peresida kuwa aka ce ya tafi gida, ba shi ake nema ba.

Ranar muka taru ba shayi. Na Tawa ɗaya ya gwada dafawa, ya fito kamar ruwan wankin baturi. Gardama ta tashi, kuma a karo na farko ba ta sauka ba. Sai a lokacin na gane abin da na yi makonni ina rubutawa ban fahimta ba: kullum in murya ta hau, idanu kan koma wajen Gisa, shi kuwa sai ya miƙa wa wanda ya fi zafi finjali, dole ya yi shiru ya kurɓa. Yau idanu suka koma wajen, ba kowa sai murhun waya da toka. Matar Gisa ta aiko a tambaya ko ta ɗaure kaya ta kai yara Dannet, don ta ji ana cewa waɗanda aka kama ana wucewa da su kudu a ayari na gaba.

Nomau ya ajiye sifana. Bai ce mini bawana ba, kuma wannan ya fi zagi. Ya ce, "Habu, gobe da safe za mu bariki, mu duka. Ka ɗauko kayenka. Kai ka ja kibiyoyin nan, kai za ka zare su."

Shugaban barikin, wanda kowa ke ce wa Shef, dogon mutum ne da alamar ya kwana biyu bai huta ba. Ya sa muka tsaya a tsakar gida cikin rana, ya ɗaga takardar. "Wa ya rubuta wannan?"

Na ce, "Ni ne, ranka ya daɗe." Na buɗe kaye na shiga bayani, da'ira, ɗigo, dabino, makulli. Na faɗi yadda na buɗe jakar da ba tawa ba. Ban taɓa yin magana mai tsawo da ba ta yi mini daɗi ba sai ranar.

Shef ya ce, "Wato kana so in yarda wannan duk zancen makullin ɗaki ne. To me ya sa ka rubuta shugaba?"

Kafin in amsa Peresida ya matso gaba, babbar rigarsa na jan ƙasa. "Yawwa, Shef, nan nake jira! Wane irin shugaba? Ni ne shugaban fadar nan! Kowa ya sani a Bukoki. Jiya an kama ni da takarda a hannu, aka ce in tafi gida kamar wani almuru, aka je aka ɗauko mai shayi. Wannan wulaƙanci ne. In shugaba za a kama, ni za a kama!"

Wani mai kaki a bakin ƙofa ya juya baya, kafaɗunsa na rawa.

Shef ya ce, "Kai kake ba su oda?"

"Kullum!"

Ya dubi Nomau. "Kuna bi?"

"Ko sau ɗaya, ranka ya daɗe."

Shef ya ja kayen ya daɗe yana juya shafuka. Sai ya ce, "Ka ce abin da ake son sani ba a tambayarsa a gaban jama'a. To bari in gwada sana'arka." Ya shiga ofis, ya sa aka riƙa shigo masa da mu ɗai-ɗai, har da Gisa da aka fito da shi daga ɗakin baya, ba rawani a kansa. Ban taɓa ganin kansa a buɗe ba. Na sunkuyar da nawa.

Tambayar Shef ita ce: "Dole in riƙe mutum ɗaya har malamar nan ta dawo ta nuna mini takardar izininta. Wa zan riƙe?"

Da ya gama ya fito da takardata, ya juya bayanta. Ashe zane ya yi, da'ira da sunaye, yadda ya gani a kaye. Ya nuna mana. Kibiya takwas, duk a kan suna ɗaya.

"Habu," ya ce, "kowa ya zaɓe ka. Har kai."

A ƙa'idar aikin ba a zaɓen kai, amma Shef bai sani ba, ni kuma ban ga dalilin gyara masa ba. Nomau ya leƙa takardar ya ce, "Barka, bawana. Ka fi Gisa da biyu."

Aka ba Gisa rawaninsa. Ya tsaya a tsakar barikin ya naɗa shi a hankali, bai dubi kowa ba, ya fita.

Kwana biyar na yi ina sharar tsakar gida da wankin tukwane. Hannu ya riga ya saba, sai na riƙa ja musu layi a cikin kaina. Kafin kwana uku na gano kibiyoyin barikin nan ba wajen Shef suke zuwa ba, wajen kuku suke. Ban faɗa wa kowa ba. Wannan ne sirri na farko da na riƙe a rayuwata, yau ma na faɗa ne don na san duk sun bar aiki.

Da ayari ya iso Madam ta zo da takardunta masu hatimi, aka sake ni. A hanya ba ta yi mini faɗa ba, da ma ta yi. Ta ce, "Aikin fadarku ya mutu. Sun riga sun san abin da kowa ya ce, ba za su sake zama yadda suke ba. Wata uku ka zubar." Ta ƙona takardar sunayen a murhun Gisa. Ta ce in ina son in ci gaba, sai na bi mutum bakwai ɗin nan har gida na nemi gafara, ba a fada ba, ɗai-ɗai. Na bi. Na Tawa biyu sun yafe mini, amma ba su sake kwana ɗaki ɗaya ba.

Gisa shi ya fi kowa asara. Alhajin ya ji tsoro, ya ce ba ya son mai gadin da aka taɓa kai wa bariki. Ya daɗe yana ɗaukar bulo a rana kafin Nomau ya samo masa wani gadin. Da na je gidansa na yi ta jero magana, ya saurara har na ƙare, ya ce, "Na ji." Ya dawo fada yana dafa shayi kamar da. Sai dai finjalina shi ne na ƙarshe, kuma ba kumfa. Shekara biyu ina shan shayi ba kumfa, ban ce uffan ba, kuma ku da kuka san ni kun san abin da hakan ya ci mini.

Na yi aiki bayan nan da masu bincike iri-iri, a ƙungiyoyin mata masu rini, da direbobi, da ma'aikatan rami, har da masu haƙar zinariya a Tchibarakaten da ƙafafuna suka fara nauyi. Ban sake rubuta sunan mutum a kaye ba. Wayarku tana ɗaukar suna da hoto da inda mutum yake tsaye, duk a dannawa ɗaya. Ni da jan bik kawai na kai mutum bariki.

Bayan an ajiye makamai, damina ta yi kyau a daji, Gisa ya ce zai koma Dannet ya gwada kiwon awaki na ƴan watanni, ya gani. Ranar tafiyarsa, da hantsi, ya zo garejin da jakarsa a kafaɗa. Muna zaune mu duka. Ya wuce Nomau, ya wuce Peresida da har ya fara miƙa hannu, ya tsaya gabana, ya zaro makulli daga igiyar wuyansa ya sa mini a tafin hannu.

Na ce, "Gisa, ni? Bayan abin da na yi?"

Ya gyara rawani. "In ɓarawo ya taɓa ƙofar nan da safe," ya ce, "kafin azahar duk Arlit ta san sunansa."

Nomau ya faɗi daga kan taya don dariya. Ni kuwa na buɗe kaye a shafin ƙarshe, na ja kibiya ɗaya da fensir, daga wata lamba zuwa wata. Ban sa suna ba.